Mai gyara ya ce a kashe Defender ya saka min KMSpico, in yarda?

Mai tambaya:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ina da shagon buga takardu da cike fom, kwamfuta uku. Biyu sun fara nuna "Activate Windows" a ƙasan allo, Word kuma ya ƙi bari a yi rubutu. Mai gyara ya ce zai saka min KMSpico, wata manhaja mai buɗe Windows da Word ba tare da lasisi ba, amma sai an kashe Windows Defender, manhajar da ke kare kwamfuta daga virus, tukuna. A kwamfutocin nan nake ajiye hotunan katin NIN na mutane da takardun ɗalibai, a nan kuma nake shiga bankina. Don Allah ku ba ni shawara.

Wani mai gyaran kwamfuta:
Wa alaikumus salam. Malam, kar ka yarda. KMS hanya ce da Microsoft ta tanadar wa manyan ma'aikatu masu sayen lasisi da yawa, kwamfuta ta riƙa tuntuɓar sabar ma'aikatar tana sabunta rajistarta kafin kwana 180 su cika. KMSpico sabar bogi yake kafawa a cikin kwamfutarka ya ruɗi Windows. Ba shi da wani shafi na hukuma, kowa na iya cusa masa abin da ya ga dama ya ɗora a intanet. A ƙarshen 2021 kamfanin tsaro na Red Canary ya gano wasu kwafinsa ɗauke da CryptBot, mai kwashe kalmomin sirri da aka adana a burauza da bayanan walat ɗin kirifto. Kuma Windows ɗin zai buɗe lafiya lau, shi ya sa mutum ba ya zargin komai.

Wani ɗan uwa:
Ni dai na daɗe ina amfani da shi, ban ga komai ba.

Wata 'yar uwa:
Ɗan uwa, ɓarawon kalmar sirri ai ba ya sallama. Kuma kai kwamfutarka ce kaɗai, shi bayanan jama'a ne a hannunsa, amana ce. Ga doka ma: Dokar Haƙƙin Mallaka ta Najeriya ta 2022 ta kare manhajojin kwamfuta, ta kuma hana karya makullin da mai su ya sa. Mai shago da ke neman kuɗi da su ya fi kowa shiga hatsari.

Wani malami:
Kafin ka kashe ko kwabo, a duba. Yawancin kwamfutocin da suka zo da Windows 8 zuwa sama, lasisinsu na cikin BIOS, wato manhajar da ke dashe a jikin kwamfutar tun daga masana'anta. Idan aka saka nau'in Windows Pro alhali nau'in Home ta zo da shi, sai ta nemi rajista. A mayar mata da nata. Rubutun nan na ƙasan allo ma ba ya hana aiki. Word kuwa, ga LibreOffice kyauta yana buɗe docx, wato takardun Word, sai dai tebur da shafuka kan ɗan goce, ka riƙa dubawa kafin ka buga wa mutum. Ka tuna Microsoft ta daina tallafa wa Windows 10 da Office 2016 da 2019 tun 14 ga Oktoba, 2025, kar ka sayi lasisinsu.

Mai tambaya:
Na gode, Allah ya saka da alheri. To ta ukun fa? Da KMSpico a ciki na saye ta.

Wani mai gyaran kwamfuta:
Goge shi kawai bai isa ba. Kwashe takardunka, a sake saka Windows da aka sauke daga shafin Microsoft. Yau ɗin nan ka canza kalmar sirrin banki da imel, amma daga wayarka, ba daga ita ba.