Neman shawara: labarina na masu iko da murya ya tsaya cak

Assalamu alaikum 'yan uwa. Ni haifaffiyar Makka ce, aure ya kawo ni Jidda. Wata 7 ke nan ina rubuta wani ƙagaggen labari a waya, da dare in yara sun yi barci. A cikinsa akwai wata ƙasa da wasu mutanenta ke da baiwa a murya: abin da suka furta sai ya auku. Jarumata ta tsaya bakin busasshiyar rijiya ta ce "ruwa", rijiya ta cika.

A babi na 9 na maƙale. Duk tarkon da na ɗana mata, da kalma ɗaya take tsallake shi, har ni mai rubutun na daina jin tsoron abin da zai same ta. Abin da ya fi damuna kuma, na karanta wa yayana, ya yi shiru, can ya ce, "Ƙanwata, ai kun fa yakun kika ba ɗan Adam." Tun ranar hannuna ya yi sanyi. Ba na so in watsar, domin saboda 'ya'yana nake yi. Larabci ya cinye musu baki, in na yi musu Hausa da Larabci suke ba ni amsa. Don Allah ku taimaka.

Wani ɗalibi a Madina:
Wa alaikumus salam Hajiya. Maganar yayanki abar dubawa ce. Cewa abu "kasance" ya kasance na Allah ne shi kaɗai, ga shi nan a aya ta 82 ta Suratu Yasin. Sihiri kuma an san hukuncinsa, ki duba aya ta 102 ta Baƙara inda aka ambaci Haruta da Maruta a Babila. A ganina kada jarumarki ta samar da komai daga babu. Ruwan yana can ƙarƙashin ƙasa, muryarta janyo shi kawai take yi. Kada ki sa aya ko sunan Allah ko kiran aljani a kalmomin nata. In kin gyara, ki kai wa malamin da kika yarda da shi babi ɗaya ya duba, ni ba fatawa na ba ki ba.

Yayarki 'yar Mai Wurno ta Sudan, mazauniyar Riyad:
Ƙanwata, maganin yana cikin Hausar kanta. Ki faɗi "kuka" na hawaye, ki faɗi "kuka" ta miya. Baƙaƙen iri ɗaya ne, inda murya ta hau da inda ta sauka ne ya raba su. Haka "wuya" na jiki da "wuya" ta wahala, haka "fari" na launi da "fari" na rashin damina. To, ki sa ikon a cikin karin sautin. Yarinya ta zo neman farin ƙyalle za ta ɗaure wa ƙaninta rauni, tsoro ya sa muryarta ta faɗi a gaɓar ƙarshe, sai ta jawo wa garinsu fari. Kin ga kuskure ya samu, tsoro ya dawo. Ina ƙarama a gida Sudan na ga makaɗi ya matse kalangu a hammata ya kira wani dattijo ba tare da ya buɗe baki ba, dattijon ya waiwayo. Hawa da saukar sunansa ya ji a fata. Ki ba mugun da ke cikin labarinki kalangu, in an ɗaure masa baki ma bai rabu da makami ba.

Malamar hadda, Makka:
Ki ɗan leƙa tajwidi. A lissafin malamin tajwidi Ibnul Jazari mafitar haruffa 17 ce, a wurare 5: cikin baki, maƙogwaro, harshe, leɓɓa da karan hanci. Ki raba mutanenki gida-gida a kan haka. Masu lanƙwasar nan kuma, ɓ da ɗ da ƙ, ki mai da su mafi ƙarfi. Yaran da aka haifa a nan da yawa "baki" suke cewa in suna nufin "baƙi".

Baba direba, Jidda:
'Yata, ni ban san rubutun labari ba. Amma iyayenmu sun ce magana zarar bunu ce. Kalmar da jarumarki ta yi aiki da ita, ta fita daga bakinta ke nan har abada. Ta cika rijiya, amma gobe ƙishi ya kama ta ba ta iya roƙon ruwa.

Mai tambaya:
Baba, na karanta naka ina cikin kicin, sai da na zauna. Allah ya saka muku da alheri duka. Zan koma babi na 1 in sake rijiyar yadda Malam na Madina ya ce, Juma'a kuma in kai wa Yaya. Yayata ta Riyad, don Allah ki turo mini saƙon murya da kalmomin nan, ina so yaran su ji bambancin da kunnensu kafin su karanta. A babin ƙarshe mahaifiyar jarumar za ta faɗa hannun maƙiya, kuma sai ta kira "Inna" za ta iya ceto ta.