Hayaƙin Wutar Daji: Jiƙa Rawani Ya Wadatar?

Mai tambaya, Daura:
Salamu alaikum. Hunturu ya kama, ciyawa ta bushe ƙayau. Matasanmu masu kashe wutar daji rawani suke jiƙawa su rufe hanci. Ya isa kuwa?

Ma'aikacin gandun daji, Katsina:
Wa'alaikumus salam, Malam. Bai isa ba. Rawani toka yake tarewa, ƙurar hayaƙi mai suna PM2.5 kuwa ta fi gashin kai siranta sau kusan 30, ratsa zane take yi ta shige huhu. A nemo takunkumin N95 ya kama fuska sosai. Gemu mai yawa na barin kafa, in takunkumin ya jiƙe da gumi a canza shi.

Jami'ar lafiya:
Yallaɓai, a ƙara da cewa N95 ba ya tare iskar guba mai suna kabon monoksaid, wadda ba ta da wari. Ciwon kai, jiri ko tashin zuciya, a fitar da mutum nan take. In ya rikice, sai asibiti. Masu asma kada su je kashe wutar.

Ma'aikacin gandun daji:
Haka ne, Hajiya. Kututture mai cin wuta a hankali ya fi harshen wuta fitar da kabon monoksaid. A tsaya ta inda iska ke busowa, a riƙa karɓa-karɓa.