Taƙaitawa: Madubin Hangen Nesa a Wasan Farauta

Salamu alaikum 'yan uwa na Garuwa da Maruwa. Muhawararmu kan amfani da madubin hangen nesa a wasan bidiyo na farauta, theHunter: Call of the Wild, ta yi tsawo, shi ya sa na tattara abin da aka faɗa.

1. Kowa ya yarda: a duba da madubi kafin a ɗaga bindiga. Idan ka tsayar da shi kan dabba, zai nuna maka jinsinta, namiji ce ko mace, da matakin da wasan ya ba ta. Haka ake tantance babban ɓauna a cikin garke a dajin Vurhonga na cikin wasan.

2. A hau tudu, a durƙusa, a bi bakin ruwa da ido sannu a hankali. Dabbobi na da lokutan shan ruwa, kiwo da hutu, kuma ganinsu a wurin yana sa alamar wurin ta fito a taswirar wasan. Masu zuwa gandun dajin Benuwe na Kamaru da rani sun ce haka abin yake a zahiri, ruwa ke tara namun daji.

3. Iska ta riƙa bugun fuskarka. In ta kai musu warinka, sai dai ka hangi ƙura.

Inda aka rabu shi ne madubi mai auna tazara. Wasu sun ce sayensa dole ne, don harsashi na sunkuyawa a nesa. Wasu sun ce sabon shiga ya fara gogewa da na farkon da ake ba shi. Ni ina tare da masu cewa a saya, domin sau biyu ina raunata ɓauna saboda kuskuren kintace, na yi ta bin jini har dare.