Idan an ƙwace maka kwangila ba bisa ƙa'ida ba

A zaman da wasu 'yan kwangila suka yi da lauyoyi a Kaduna, shawara ta farko ita ce a adana takarda: tallar neman kwangila, rasit ɗin kuɗin fom, wasiƙar ba da aiki, har da wadda aka soke shi da ita. Wanda aka soke masa ta waya, ya nemi a rubuta masa dalili.

Kafin a je kotu, a kai ƙara KADPPA, hukumar da dokar sayen kayan gwamnati ta jihar ta 2016 ta kafa. Idan aikin tarayya ne, dokar sayen kayan gwamnatin tarayya ta 2007 ta ba da kwanakin aiki 15 a rubuta wa shugaban ma'aikatar, daga nan a wuce BPP, hukumar tarayya mai sa ido kan ba da kwangiloli, sannan Babbar Kotun Tarayya. Jinkiri ne ke kashe irin waɗannan ƙararraki.

Inda aka fi ja-in-ja shi ne abin da alƙali zai iya yi. Lauyoyin suka ce ba zai miƙa maka kwangilar ba. Zai duba ko an bi ƙa'ida kuma an saurare ka, in ba haka ba ya rushe matakin. Wasu dai sun ce suna tsoron a daina ba su aiki in suka kai ƙara, kuma a ganina tsoron yana da tushe.