TI-84 Plus CE: na tura wasanni daga kwamfuta amma sun ƙi buɗewa

Sadiq_Lissafi:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Ina da kalkuleta mai zana giraf, TI-84 Plus CE, ta hannu ce, mai allo mai kala. Ina so in sa mata wasanni daga kwamfuta mai Windows 10. Na sauke TI Connect CE, na kuma sauko da wasanni daga ticalc.org, amma ga inda na maƙale.

Kebul ɗin da ke hannuna yana yi mata caji, amma kwamfuta ba ta ganin ta sam. Da na ari na wani sai ta gan ta. Wani fayil ɗin kuma ya ƙi shiga kwata-kwata. Waɗanda suka shiga ina ganin sunayensu idan na danna prgm, ɗaya yana aiki, sauran da na danna enter sai ta rubuto ERROR: INVALID. Na duba About, an rubuta 5.6.1. Don Allah wanda ya san kan abin ya taimaka.

Injiniya_Bala:

Wa alaikumus salam, Malam Sadiq. Ka kyauta da ka kawo lambar OS, wato babbar manhajar da ke tafiyar da kalkuletar, da ita za a gane rabin matsalar. Bari in ɗauki ɓangaren kebul da fayil.

Kebul ɗinka na caji ne kawai. Akwai kebul da yawa a kasuwa da ba a sa musu wayoyin da ke ɗaukar bayanai ba, wuta kawai suke kaiwa, kuma daga waje ba za ka bambance su ba. Wanda za ka nema shi ne mai kan mini-B, irin na tsofaffin kyamarori da madannin PS3, ba micro na tsofaffin wayoyin Android ba, ba kuma Type-C ba. Ka tafi shagon da kalkuletar da laftof ka gwada kafin ka biya. Wajen sakawa ka tura kan har ƙarshe, don ramin yana da ɗan tauri, sau da yawa kan yana tsayawa a rabi: fitilar caji ta kama, bayanai ba su wuce ba. Ka soka shi a jikin kwamfutar kai tsaye, kada ka bi ta mahaɗar USB mai ramuka da yawa, kuma kalkuletar ta kasance a kunne tana kan babban allo.

Fayil ɗin da ya ƙi shiga, ina kyautata zaton ɗayan biyu ne. Ko dai har yanzu yana cikin zip ba ka warware shi ba, ko kuma ba na irin kalkuletarka ba ne. Ka danna zip ɗin da maɓallin dama na linzami ka zaɓi Extract All, sannan ka dubi ƙarshen sunan kowane fayil. Mai .8xp shiri ne, wasan kenan. Mai .8xv bayanan da wasan ke buƙata ne, hotuna ko matakai, kuma dole su tafi tare. In ka bar su wasan zai buɗe ya rufe, ko ya nuna allo baƙi. Mai .8xg tarin fayiloli ne a dunƙule. Mai .8xk kuwa na tsofaffin TI-83 Plus da TI-84 Plus ne masu allo fari da baƙi, CE ba za ta karɓe shi ba.

A nan mutane suka fi ruɗewa, saboda sunan ya yi kama. Tsohuwar TI-84 Plus tana da firosesa Z80 da allo mai ɗigo 96 a 64. CE, wadda ta fito a 2015, tana da eZ80 da allo 320 a 240. Wasan da aka rubuta da harshen inji don tsohuwar shi ma .8xp yake ƙarewa, yana iya shiga CE lafiya lau, amma ba zai yi aiki ba, wani ma ya daskarar da ita. Saboda haka a ticalc.org ko Cemetech ko TI-Planet, ka shiga sashen da aka rubuta CE ƙarara. Duk wasan da bayaninsa ya ce yana buƙatar MirageOS ko Ion, ba naka ba ne.

Turawar kanta ba wuya: ka buɗe TI Connect CE, a gefen hagu ka zaɓi Calculator Explorer, ka jawo fayilolin ka sake su a ciki. Akwati zai fito yana tambayar inda za a ajiye, RAM ko Archive. Ka zaɓi Archive, ka danna Send, kada ka taɓa kebul sai ta gama.

Malama_Hadiza:

Sannu Sadiq. Abin da Injiniya ya faɗa daidai ne, saura ERROR: INVALID, kuma wannan ba laifin fayil ba ne, ba kuma laifinka ba.

Wasannin kalkuletar nan iri biyu ne. Akwai waɗanda aka rubuta da TI-BASIC, harshen da ke cikin kalkuletar tun daga kamfani. Su kowace OS tana buɗe su, sai dai suna da nauyin tafiya. Wanda ya yi maka aiki irinsu ne. Akwai kuma waɗanda aka rubuta da C ko harshen inji, su ne masu sauri da kala mai kyau. A 2020 kamfanin Texas Instruments, mai ƙera kalkuletar, ya toshe hanyar buɗe irin waɗannan daga OS 5.5 zuwa sama, saboda ƙorafin cewa ana amfani da su wajen kauce wa tsarin kulle na jarrabawa. Duk bayanin da ka gani a intanet yana cewa ka shiga catalog ka zaɓi Asm, na kafin wannan lokacin ne. A 5.6.1 wannan umarnin ba ya aiki.

Mafitar ita ce arTIfiCE, wani fayil mai sake buɗe wannan hanyar, wanda ya fito a 2020. Yana bi ne ta wata ɓaraka da ke cikin Cabri Jr, manhajar zanen jometiri da ke zuwa da kalkuletar. Ka fara danna apps ka ga ko CabriJr tana nan. Kalkuleta ta hannu sau da yawa an goge ta. In babu, ka tura ta tukuna. Daga nan ka tura fayil biyu: arTIfiCE mai ƙarewa da .8xv, da kuma shirin girka Cesium, manhajar da ake buɗe wasanni daga cikinta, mai ƙarewa da .8xp. A cikin zip ɗin Cesium akwai na harsuna daban-daban, ɗaya kawai za ka ɗauka, na Turanci.

Sai ka danna apps, ka buɗe CabriJr, ka danna kowane maɓalli allon farko ya wuce. Idan ƙaramin jerin zaɓi bai fito da kansa ba, ka danna y=, shi ne F1 a wurin. Ka zaɓi Open, ka zaɓi arTIfiCE, ka danna enter. Zai nuno maka jerin shirye-shiryen harshen inji da ke cikin kalkuletar. Kana iya buɗe wasa daga nan kai tsaye, amma bin wannan doguwar hanya kullum gajiya ce. Ka zaɓi CESIUM ka bar shi ya girka kansa. Bayan haka zai bayyana a cikin apps kamar sauran, kuma daga cikinsa za ka riƙa buɗe wasanninka, har da waɗanda ke Archive.

Abu ɗaya nake roƙonka: idan TI Connect CE ko shafin kamfanin ya ce akwai sabuwar OS, kada ka sabunta. Kamfanin yana toshe irin wannan ɓarakar a sabbin fitarwa, kuma kalkuletar ba ta yarda a mayar mata da OS ta ƙasa da 5.5 ta hanyar da aka saba. A 5.6.1 ɗin da kake, hanyar Cabri Jr tana aiki. Wanda tasa ta fi wannan sabunta ya karanta shafin arTIfiCE ya ga wace hanya ce ta dace da lambarsa kafin ya tura komai.

Sadiq_Lissafi:

Na gode ƙwarai Injiniya, na gode Malama, Allah ya saka da alheri. Cesium ya shiga, wasa ɗaya na tafiya sumul. Sai dai wani yana rubuto Need LibLoad ya koma baya. Wani kuma ya daskare, na danna ƙaramin maɓallin da ke bayan kalkuletar, ta dawo da RAM Cleared, wasu shirye-shiryen sun ɓace. Ta lalace ne?

Abban_Nana:

Ba ta lalace ba, ɗan'uwa, kwantar da hankalinka.

Need LibLoad yana nufin wasan da C aka rubuta shi, kuma yana dogara da wasu ƙananan fayiloli na gama-gari da ba a haɗo su da shi ba: graphx mai kula da zane, keypadc mai karanta maɓallai, fileioc mai ajiye bayanai, da LibLoad ɗin da ke haɗa su da wasan. Duk suna cikin fayil guda mai suna clibs.8xg, a shafin CE-Programming da ke GitHub. Ka sauko da na ƙarshe, ka tura shi Archive sau ɗaya, duk wasannin C za su yi amfani da shi. Idan daga baya wani sabon wasa ya yi ƙorafin cewa ɗaya daga cikinsu ya tsufa, ka sake sauko da sabon clibs, wajen turawa ka yarda ya maye gurbin tsohon.

Maganar ɓacewa kuwa, ya kamata ka fahimce ta sosai don za ta sake faruwa. Kalkuletar tana da ma'aji biyu. RAM ɗin da aka bar wa mai amfani kusan KB 150 ne, kuma duk lokacin da shiri ya rikice ko ka danna maɓallin baya, ana share shi tas: shirye-shirye, jerin lambobi, matiris, lissafin da ka ajiye a y=. Archive kuwa kusan MB 3 ne, kuma sharar RAM ba ta taɓa shi. Waɗanda suka ɓace maka a RAM suke zaune. Don ka san inda kowane yake, danna 2nd, sai +, sai 2, ka shiga Prgm. Mai tauraro a gaban sunansa yana Archive. Wanda babu, ka sa alama a kansa ka danna enter, tauraron zai fito. Haka za ka yi a AppVars, wato sashen fayilolin .8xv, domin nan yawancin wasanni ke ajiye makin da ka ci da matakin da ka kai.

A cikin saitin Cesium akwai zaɓin adana kwafin RAM kafin a buɗe shiri. Ka kunna shi. Yana ƙara ɗan jinkiri wajen buɗewa, amma idan wasa ya faɗi yakan dawo maka da abin da ke ciki. In ka saba ajiye aikin makaranta a kalkuletar, ka jawo shi zuwa kwamfuta ta Calculator Explorer kafin ka gwada kowane sabon wasa.

Wata rana za ta tambaye ka Garbage Collect. Ka ce eh. Abin da ka goge daga Archive ba ya sakin gurbinsa nan take, sai an tattara, kuma tana iya ɗaukar minti ɗaya ko fiye. Kada ka danna maɓallin baya a lokacin, kuma kada ka fara shi batir na gab da mutuwa.

Wasan da ya daskare, ka koma inda ka sauko da shi ka tabbatar na CE ne, kuma duk .8xv ɗinsa sun shiga. In komai ya cika ya sake daskarewa, ka goge shi kawai.

Injiniya_Bala:

Ƙarin bayani kaɗan, Malam Sadiq, tunda ta hannu ce. Idan wata rana ka ga layin saman allo ya nuna TEST MODE, kuma prgm da apps sun ƙi buɗe abin da ka san yana ciki, an sa ta a tsarin jarrabawa ne. Shirye-shiryen suna nan, kulle su aka yi. Ka haɗa ta da kwamfuta, a TI Connect CE ka shiga Actions ka zaɓi Quit Exam Mode. Kuma idan za ka shiga jarrabawar da aka yarda a shiga da irin wannan kalkuletar, ka kwashe wasannin da Cesium da arTIfiCE zuwa kwamfuta, ka goge su kafin ranar, kada mai sa ido ya ga abin da zai ja maka magana.

Wanda ke kan Linux, inda babu TI Connect CE, ya yi amfani da TiLP, ko shafin ticalc.link ta burauzar Chrome. Mai Casio fx-CG50 kuma duk wannan bai shafe shi ba: ya soka kebul, ya danna F1, kwamfuta za ta gan ta kamar filashi, ya kwafa fayil mai .g3a a farkon ma'ajin, ba cikin wata folda ba, ya cire ta ta hanyar Eject, wasan zai fito a babban menu.