Littafin Pinocchio ya dace da ɗan shekara 6?

Salam jama'a, na saya wa yarona littafin Pinocchio, ɗan katakon nan da aka sassaƙa ya fara magana, amma an ce min asalinsa akwai ban tsoro, wai gaskiya ne?

— Wlh Anti gaskiya ne, na marubucinsa Carlo Collodi na 1883 ba irin katun ɗin Disney na 1940 ba ne, har rataye Pinocchio aka yi a bishiya, gyaren nan mai masa wa'azi ma guduma Pinocchio ya jefa masa ya mutu

— Ni dai na karanta wa nawa, wurin hancin da ke ƙara tsawo in ya yi ƙarya suka fi so, yanzu autata sai ta shafa hancinta kafin ta ba ni amsa hhh

— Yaya ki tsallake wurin ratayar kawai