Dan Allah a ba ni shawara: tafiyar jirgin ruwa haɗe da bas, ga Mama da ciwon gwiwa

Mai neman shawara:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ku yi haƙuri da tsawon rubutun, kaina ne ya ɗaure. Tun rasuwar Babanmu Mama ba ta ƙara sakewa ba, daga ɗaki sai asibiti, kuma mace ce da a da duk inda aka ce za a je ita ce a gaba. Ni ce babba a mata, yayanmu yana can da harkokinsa sai dai ya turo kuɗi ya ce a yi abin da ya dace, ƙanwata kuma duk abin da na kawo sai ta ce ba haka ba, har zaman da muka yi na 'yan uwa sai da aka tashi baram-baram don ita gani take ni nake son yawon nake fakewa da Mama, Allah ne shaidata ba haka ba ne, tun muna yara Mama take cewa tana son ta ga garuruwan Turai a tsanake, ta zauna ta kalla ba a guje ba, Baba ya yi ta mata alƙawari Allah bai nufa ba.

Shi ne na samu irin tafiyar nan da ake haɗa jirgin kogi da bas. Za a tashi daga Budapest a bi Kogin Danube, a tsaya Bratislava da Vienna da Melk, sai can Jamus a sauka a hau bas zuwa Prague. Abin da ya ja ni, jirgin shi ne masaukin, sau ɗaya za ka kwance jaka, ka kwanta a wani gari ka farka a wani. Na riga na ba da kafin alƙalami. Sai jiya da na zauna karanta ƙananan rubutun takardar na ga wai idan ruwa ya ja baya ko ya yi yawa suna da ikon mayar da wani ɓangare na tafiyar ta bas ko su canza mana jirgi, kuma ba dole ba ne su mayar da kuɗi. Mama gwiwoyinta duka biyu ciwo suke, likita ya hana ta daɗewa a zaune ƙafa a lanƙwashe. In cika kuɗin ko in haƙura da abin da na bayar?

Baban Yara:
Wa alaikumus salam, Allah ya jiƙan Baba. Amma 'yar uwa ba ki faɗi watan da za ku tafi ba, kuma Jamus ɗin wane gari ne jirgin zai tsaya? Amsar tana nan.

Tsohon Matafiyi:
Ƙanwata saurara ki ji, na san harkar nan ciki da waje. Maganar da kika karanta ba ado suka yi da ita ba, tana faruwa. A 2018 ruwa ya ja baya sosai a Danube da Kogin Rhine har jirage da yawa suka kasa isa Budapest, sai su tsaya wajen Komarom, wani gari a bakin kogin kafin a kai Budapest, a kwashi mutane a bas a ƙarasa da su. A Rhine kuwa a Kaub, inda ake auna ruwan, ma'auni ya sauka har santimita 25 a watan Oktoba na shekarar. A 2022 aka sake maimaitawa a watan Agusta. Abin da suke yi shi ne kamfani yana da jirage biyu iri ɗaya, ɗaya a sama da wurin da ruwa ya yi ƙasa ɗaya a ƙasa, sai a ce kowa ya haɗa kayansa da daddare, da safe a zuba ku a bas a kai ku ɗayan jirgin. To ina maganar sau ɗaya ake kwance jaka? Wani lokacin ma jirgin a ɗaure zai zauna a gari guda, kullum bas ta ɗauke ku ta kai ku garin da ya kamata a ce jirgi ne ya kai ku, ta dawo da ku da yamma. Kin biya kuɗin jirgin ruwa kin yi tafiyar bas. Shawarata a taƙaice ki janye tun yanzu.

Uwar Gida:
Wallahi ni abin da ya faru da mu ke nan, ba a Danube ba ma, amma kamfanin da muka bi har yau in na tuna raina ɓaci yake. An ce mana ɗaki mai taga, muka je taga ce ƴar ƙarama can sama daidai bakin ruwa da ba a buɗe ta, maigida ya yi ta faɗa da manajan jirgin a banza. Sannan duk garin da muka tsaya sai a jera jirage uku gefe da gefe, ka ɗaga labule ka ga ɗakin wasu. Da muka dawo na rubuta musu ƙorafi ya fi a ƙirga, amsa ɗaya suke turo min. Maigida kuma har yau cewa yake ni na matsa aka je.

Mai neman shawara:
Baban Yara ƙarshen Agusta ne, a Regensburg ta Jamus za a sauka. Kuma ba wai ban yi tunani ba ne na zaɓi lokacin, lokacin ne kawai yara suke hutu zan iya barinsu, a wurin aiki ma sai da na yi da gaske aka ba ni. Uwar Gida namu ɗakin ba na ƙasa ba ne, na tsakiya na kama saboda Mama.

Tsohon Matafiyi:
Ƙarshen Agusta kuma Regensburg? Ai kin haɗa biyun da ba a haɗawa. Tsakanin Vilshofen da Straubing akwai wajen kilomita 70 da kogin yake gudu a sake babu madatsar da ke riƙe ruwa, nan ne wurin da ya fi ba jirage wahala a Danube na Jamus, kuma dole sai kun bi ta nan kafin ku kai Regensburg. Da a Passau za ku sauka, garin Jamus da ke bakin iyakar Ostiriya kafin a kai Vilshofen, da kun tsira daga wannan wurin. Ni in kin ji tawa ki bar Turai gaba ɗaya ki kai Hajiya Masar. Kogin Nilu tsakanin Luxor da Aswan madatsar Aswan ce take riƙe da ruwansa, an gama ta tun 1970, tafiyar dare uku ko huɗu ce, a tsaya Edfu da Kom Ombo, shi ke nan.

Malama:
Yallaɓai da girmanka amma Luxor da Aswan a watan Agusta? Zafi ya kan haura digiri 40, ka ce a kai dattijuwa mai ciwon gwiwa ta zaga wuraren tarihi da babu inuwa. Kuma can ma ai ba a tsira daga mota ba, wurin tarihi na Abu Simbel kusan kilomita 280 ne daga Aswan, da asuba ake tashi a je a dawo. Jirage kuma sukan yi layi a ƙofar ruwa ta garin Esna suna jiran a wuce da su. Ita fa ba ta tambayi Masar ba.

'Yar uwa ni na yi Danube da surukata, mun ji daɗi ƙwarai, ruwa bai ba mu matsala ba. Amma abin da ba wanda ya gaya miki, ko da ruwa lafiya lau yake bas tana cikin tafiyar kullum. A Vienna jirgi ba ya tsayawa tsakiyar gari, sai an ɗauke ku. Tsohon gidan ibadar Kirista da ake zuwa gani a Melk a kan tudu yake. Salzburg da suke sakawa a talla ba a bakin Danube take ba, daga Linz ko Passau kusan awa biyu zuwa, awa biyu dawowa. Sai dai waɗannan duk ganin dama ne, Mama za ta iya zamanta a jirgi ta kalli gari daga kujera. Wanda ba makawa shi ne na Prague, ki lissafa awa uku zuwa huɗu, amma dokar Turai ta tilasta wa direba hutun minti 45 bayan tuƙin awa huɗu da rabi, kuma yawanci sukan tsaya tun kafin hakan. Ki roƙi kujerar gaba ko wadda ke gefen hanya ta samu miƙe ƙafa.

Tsohon Matafiyi:
Malama sa'a kuka ci, ba a gina shawara a kan sa'a. In dole sai Turai to jirgin ƙasa. Budapest zuwa Vienna bai kai awa uku ba, Vienna zuwa Prague wajen awa huɗu, Hajiya ta tashi ta zaga cikin tarago yadda take so, ga banɗaki, ba ruwanku da ko an yi ruwan sama ko ba a yi ba. Ni haka nake yi kuma haka nake gaya wa kowa.

Mai neman shawara:
Na gode Yallaɓai amma jirgin ƙasa na fara dubawa kafin komai. Ni kaɗai ce da Mama, wa zai ɗauki akwatuna biyu da sandarta a hau a sauka a nemi tasi a nemi otal a gari huɗu? Dalilin da ya sa na zaɓi wannan ke nan, su ne da ɗawainiyar kaya har ƙofar ɗaki. Kuma ejan ɗin ta tabbatar min cewa da wuya abin ya faru.

Baban Yara:
Ejan kam ba za ta ce miki zai faru ba. Ki sa ta rubuto miki a imel abin da za su mayar idan aka canza tafiya, ba ta waya ba. Idan a ƙasar Tarayyar Turai kamfanin ya sayar miki, akwai dokar 2015 kan irin wannan haɗaɗɗiyar tafiya, in sun yi babban canji kafin a tashi kina da damar fasawa a mayar miki da kuɗinki. Ki duba a wace ƙasa aka yi wa kamfanin rajista. Sannan ki tambaye su ko za su mayar da kafin alƙalamin naki kan wata tafiyar da take ƙarewa a Passau.

'Yar Auta:
Ni dai Anti ruwan nake tsoro gaba ɗaya, ba a Budapest ɗin nan ba ne a watan Mayun 2019 babban jirgi ya buge ƙarami a ƙarƙashin gada mutane da yawa suka rasu, mafi yawansu 'yan Koriya ta Kudu? Allah ya kiyaye. Ni mahaifiyata ko kwalekwale ba zan bari ta hau ba, kuma maganar ƙanwarki ta taɓa ni don ni ma a gidanmu haka ake min, a yanke komai sai an gama a sanar da ni, in na yi magana a ce ina da taurin kai.

Malama:
'Yar Auta wanda ya nutse ƙaramin jirgin zagaya gari ne, ba irin wanda ake kwana a ciki ba, kar ki ƙara mata damuwa. Abin da ya fi damuna ni matakala ce. Jiragen nan dogaye ne, wajen mita 135, amma faɗinsu bai kai mita 12 ba don su iya shiga ƙofofin ruwan da ake ɗaga jirgi ko a sauke shi, saboda haka komai a matse yake. Da yawansu lif ɗin ba ya kaiwa rufin sama inda ake zama a kalli gari. Kuma wannan jera jirage da Uwar Gida ta faɗa, in naku ne na waje sai kun ratsa ta cikin na wasu kafin ku taka ƙasa, wani lokacin a hau rufi a sauko. Katakon da ake bi a fita ma in ruwa ya yi ƙasa tsayuwa yake yi sosai. Prague kuma titunan tsohon garin duwatsu ne. Mama tana iya hawa bene ɗaya da kanta?

Tsohon Matafiyi:
To kin ji. Abin da nake faɗa tun farko ke nan. Kuma masu cewa ta matsa zuwa Afrilu ko Mayu, lokacin ƙanƙara ke narkewa ruwa ya cika, jirgi ya kasa wucewa ƙarƙashin gadoji, bas ɗin dai za a koma. Ba watan da za a ba ki tabbas. Sannan bizar ma kin samu? Ƙasa biyar za ku taka, Hangari, Silobakiya, Ostiriya, Jamus da Cek, duk suna cikin Schengen, wato rukunin ƙasashen Turai da ake shiga da biza ɗaya, amma sai a ofishin jakadancin ƙasar da za ku fi daɗewa, kuma a irin wannan tafiyar lissafin kwanakin yana rikita mutane. Ga inshorar lafiya da suke nema ta aƙalla Yuro 30,000, ki tabbata ta ɗauki ciwon da Hajiya take da shi tun da.

Mai neman shawara:
Maganar biza tana hannu, kar a damu da ita. Malama tana hawa a hankali in ta riƙe ƙarfe, ran da ciwon ya motsa ne dai ba ta iyawa. Ni fa ba cewa na yi tafiyar ba ta da matsala ba, amma kowa sai ce min yake in fasa, ba wanda ya ga fuskar Mama ran da na nuna mata hoton jirgin a gaban ginin majalisar dokokin Hangari a Budapest da daddare. Tun rasuwar Baba ban ga ta tambayi wani abu sau biyu ba sai wannan. In na fasa ƙanwata za ta ce dama ta faɗa, in na je aka zuba mu a bas Mama ta dawo ba ta iya taka ƙafa nan ma ni ce.

Uwar Gida:
Ki kai takardar tafiyar wa likitanta ya gani mana. Ni da na yi haka da maigida da ba mu je ba ma.

Baban Yara:
Kin tambaye su maganar Passau ɗin?

Mai neman shawara:
Na tura mata saƙo, ta ce ta Passau a makon da nake da hutu ɗakunan ƙasa kawai suka rage, na tsakiya sai tsakiyar Satumba, kuma ranar Juma'a ce ƙarshen cika kuɗi. Lif ɗin ma ta ce ba ya sauka ƙasan. Satumba yara sun koma makaranta.

Tsohon Matafiyi:
Satumba ma ba tsira ba ce, na 2018 har Oktoba da Nuwamba ana fama. Jirgin ƙasa ƙanwata. Ki ɗauki ƙanwar taki ku tafi ku uku ta riƙe akwati.

'Yar Auta:
Yauwa Anti ki tafi da ita, ƙila abin da take so ke nan ba ta faɗa ba.

Mai neman shawara:
Ba ku san ta ba ne. Dan Allah akwai wanda ya taɓa bin Budapest zuwa Regensburg a ƙarshen Agusta da kansa, ba labari aka ba shi ba? In an canza muku jirgi, awa nawa kuka yi a bas ɗin?